An ƙirga tumaki, ba a ƙirga gawa ba: yaƙin Wiradjuri na 1824 da yadda ake tuna shi

A wata gona mai suna Brucedale, arewa da garin Bathurst a jihar New South Wales ta Ostireliya, akwai wani kabari da ƙungiyar tarihi ta yankin ta kafa wa allon ƙarfe ranar 25 ga Afrilu, 1954. Kabarin Windradyne ne, jarumin da ya ja ragamar mutanen Wiradjuri, 'yan asalin wannan yanki, a yaƙin da suka yi da Turawan Ingila tsakanin 1822 da 1824. Da kyakkyawar niyya aka kafa allon, har an kira shi mai kishin ƙasa na gaskiya. Sai dai a 'yan layukan da ke jiki akwai kuskure uku. An rubuta sunansa ba daidai ba. An ce ya rasu a 1835, alhali a 1829 ya rasu. Na uku, wanda ya fi sauran nauyi, an kira shi shugaban 'yan asalin ƙasa na ƙarshe, kamar da mutuwarsa mutanensa suka ƙare, alhali a shekarar da ake kafa allon jikokin Wiradjuri suna nan a garuruwan Cowra da Wellington da Condobolin da Dubbo, ƙarƙashin dokokin da suka hana su sakat. Yaƙin da ya yi da Turawa kuwa ba a kira shi da sunansa ba. Abin da aka rubuta shi ne da farko ya zame wa Turawa baƙi abin tsoro, daga baya ya zama abokinsu.

Duk mai son gane yadda aka yi wannan yaƙi, da dalilin da ya sa har gobe ake ja-in-ja a kan yadda za a tuna shi, to ya fara da lissafin dabbobi.

Ƙasar Wiradjuri ita ce mafi faɗi cikin ƙasashen 'yan asali a New South Wales, ta fi jihar Neja ta Nijeriya girma. Ana yi musu kirari da mutanen koguna uku: Wambuul da Galari da Marrambidya. Biyun farko Turawa suka sauya musu suna zuwa Macquarie da Lachlan, duka sunan mutum ɗaya ne, Gwamna Lachlan Macquarie. Na ukun suka lanƙwasa shi ya koma Murrumbidgee. Turawa sun sauka Sidni a 1788, amma suka shekara 25 tsaunukan Blue Mountains sun tare musu hanyar yamma. A 1813 wasu Turawa uku, Blaxland da Lawson da Wentworth, suka sami mahaura. William Cox ya ɗauki kimanin 30 daga cikin fursunonin da Birtaniya ke turowa Ostireliya su yi aikin ƙarfi, ya sare hanya mai tsawon kusan kilomita 160 cikin wata shida, sannan ranar 7 ga Mayu, 1815 Macquarie ya kafa tuta ya sa wa wurin suna Bathurst, sunan ministan da ke kula da ƙasashen mallaka a Landan. Akwai bambanci ɗaya da ya kamata mai karatu a ƙasar Hausa ya riƙe. Turawan da suka ci Kano da Sakkwato a 1903 mulki da haraji suka zo nema, manomi ya ci gaba da noma gonarsa. Waɗanda suka haura tsaunukan nan kuwa ƙasar kanta suke so, su zauna a kai su da 'ya'yansu da jikokinsu, ba yarjejeniya, ba diyya.

Shekarun farko an zauna lafiya, domin Macquarie ya taƙaita masu haurawa. A 1820 Turawan yankin Bathurst 114 ne kacal. Da Thomas Brisbane ya zama gwamna a ƙarshen 1821 sai ya buɗe ƙofar rabon filaye, zuwa 1824 sun kai 1,267. Shanu da tumaki sun tashi daga kusan 33,000 a 1821 zuwa sama da 113,000 a 1825. Filin da aka yanka wa baƙi ya tashi daga eka 2,500 da 'yan kai zuwa sama da eka 90,000. Kuma ba ko'ina aka yanka ba, bakin kogi da fadamu aka bi, wato daidai inda abincin Wiradjuri yake.

Kafin zuwan Turawa babu dabba mai kofato ko ɗaya a nahiyar Ostireliya. Kangaru da 'yan uwansa taushin tafin ƙafa gare su, kuma saman ciyawa suke tsinka. Tunkiya kuwa har ƙasa take aske ciyawa, ta tono saiwoyi masu kama da rizga waɗanda mata ke haƙa da sanda, su ne abincin yau da kullum. Shanu su tattake bakin tafki, su dagula ruwa, kifi da ƙwaryar ruwa da agwagin daji su yi ƙaranci. Ciyawar da ake barin ta ta yi iri a sheƙe a niƙa a yi gurasa, ba ta kai ga yin iri. Filayen da baƙi suka gani shar suka ɗauka haka Allah ya bar su, aikin hannu ne: Wiradjuri ke ƙona su kashi-kashi a kan lokaci don sabon tsiro ya jawo namun daji. Da makiyayi ya kafa bukka, ƙuna ta zama laifi, namun daji suka ƙaura. Cikin shekara uku zuwa huɗu mutanen da suka san inda kowane abinci yake a kowane wata suka wayi gari da yunwa a ƙasarsu. A dokarsu, abin da ke kiwo a ƙasarka kana da haƙƙi a kansa. A dokar baƙo, sukar saniya sata ce da ake iya harbe mutum a kanta.

Yadda Wiradjuri suka tsara faɗan ya nuna sun karanci raunin abokin gaba sarai. Ba su tunkari barikin Bathurst ba. Rugagen nesa suka bi, inda ake ajiye fursunoni biyu ko uku a bukka ɗaya su tsare garke, tsakaninsu da maƙwabci tafiyar sa'o'i. Bindigar zamanin irin harba-ka-ruga ce mai ƙanƙara: harbi ɗaya, sai ka tsaya ka ɗura albarushi da harsashi ta baki, in ruwa ya taɓa albarushin kuma ta ƙi tashi. Kafin makiyayi ya sake ɗuri, mutumin da ya iya majefin mashi ya jefa uku ko huɗu. Su kan tarwatsa garke, su kore shi cikin duwatsu, su soke abin da za su ci, su ƙone bukka. A 1822 sun kori masu kiwo daga wata ruga a bakin kogin Cudgegong wajen Mudgee. Kafin ƙarshen 1823 gwamnati da kanta ta janye daga rugar dabbobinta ta Swallow Creek. Asarar dukiya ita ce makaminsu na gaske, domin ba fursuna mai tsaron garke ne ke da kunnen gwamna ba, mai garken ne da ke zaune a Sidni ko garin Parramatta da ke kusa da ita.

A wannan tsakanin sunan Windradyne ya fara fitowa a jarida, Turawa suna kiran sa Saturday, wato Asabar. Saurayi ne da bai wuce shekara ashirin da 'yan kai ba. Da aka kama shi wajen farkon 1824, jaridar Sydney Gazette ta ba da labarin cewa sai da maza shida suka taru a kansa, aka karya gindin bindiga a haƙarƙarinsa, kafin a iya ɗaure shi. Kwamandan Bathurst, Manjo James Morisset, ya sa shi cikin mari wata guda.

Abin da ya kai tura bango shi ne zancen dankali. A Kelso, tsallaken kogi daga Bathurst, wani manomi ya haƙa dankalin Turawa ya ba wasu Wiradjuri da suke wucewa. Washegari suka dawo suka shiga haƙa da kansu, domin a fahimtarsu wanda ya ba ka abincin ƙasarka jiya ya amince da haƙƙinka ne. Manomin ya kira maƙwabta aka buɗe musu wuta, aka kashe mutane da dama, cikinsu har da iyalan Windradyne. A ƙarshen Mayu 1824 mayaƙansa suka faɗa wa rugage uku a arewacin Bathurst, Millah Murrah da Warren Gunyah da Mill Post, suka kashe ma'aikata bakwai. Zaɓen wuraren yana da dalili. Labarin da aka gada ya ce bukkar Millah Murrah a kan filin ibada aka gina ta, kuma a yankin an taɓa ajiye burodi da aka cuɗa da gubar asanik, wadda makiyaya ke riƙewa don maganin ƙazuwar tumaki, aka bar shi inda mayunwata za su ɗauka. A daren farmakin nan mayaƙan sun biya ta Brucedale, suka tarar da William Suttor, ɗan shekara 18 wanda ya koyi harshensu kuma gidansu bai taɓa cutar da su ba. Suka yi magana da shi, suka wuce, ba su taɓa shi ba. Wannan ya isa shaida cewa hukunci suke zartarwa a kan waɗanda suke tuhuma, bisa doka tasu.

Ramuwar baƙi ba ta bi wannan tsari ba. A watan Yuni wasu ma'aikata suka fita a kan dawaki neman mayaƙa, suka kashe mata uku. An gurfanar da mutum biyar a kotu a Sidni a farkon Agusta bisa tuhumar kisan da ba na ganganci ba, aka sallame su duka. Duk da sallamar, shari'ar ta tayar wa masu filaye hankali, kuma a nan ne dabarar dokar soja ta shigo.

A takarda, Birtaniya ta ɗauki duk ɗan asalin ƙasa a matsayin talakan Sarkin Ingila. Saboda haka ba ta iya shelanta yaƙi a kansu, don yin hakan amincewa ne cewa al'umma ce mai ƙasarta da ikonta. Amma kuma in talakawan sarki ne, wanda ya harbe su ya yi kisan kai, ana iya rataye shi. Dokar soja ce ta warware wannan ƙulli: ta dakatar da dokar yau da kullum, ta kare soja da majistare da duk wanda ya taimaka musu daga tuhuma. Ranar 14 ga Agusta, 1824 Brisbane ya shelanta ta a kan duk ƙasar da ke yamma da dutsen Mount York. Shelar ta ƙunshi jan kunne cewa zubar da jini sai in babu wata hanya, zalunci haramun ne, a kuma bar mata da yara. Sai dai ba a tanadi wanda zai bi sawu ya tabbatar ba, ba a kuma wajabta wa kowa kawo rahoton adadin waɗanda ya kashe ba. An ƙara sojojin runduna ta 40 a Bathurst suka kai 75, aka sa ladan fili eka 500 ga wanda ya kamo Windradyne.

A watan Satumba Morisset ya fita da majistare huɗu da sojoji kimanin 40 da wasu masu filaye a kan dawaki, suka rarrabu, suka share kwana goma suna kewaya ƙasar da ke wajen Mudgee. Sojan ƙasa mai jan kaya da nauyin bindiga ba ya cim ma mutanen da suka san kowane kwazazzabo, kuma wannan darasi na cikin abin da ya sa aka kafa 'yan sandan doki a 1825. Waɗanda suka fi yin ɓarna su ne ƙananan ƙungiyoyin makiyaya da masu gidansu, masu dawaki, da suka san mashaya da wuraren da ake sauka. Raunin Wiradjuri a fili yake. Mayaƙinsu shi ne mai ciyar da gida, ba shi da rumbu, ba shi da wata runduna a baya. Inda ya kwana nan matansa da 'ya'yansa da tsofaffi suke. Agusta kuma ƙarshen hunturu ne a can, ƙasar tudu ce mai tsananin sanyi, dole a hura wuta, hayaƙi kuwa shi ke nuna sansani. Sarkin Ingila yana iya aiko wani jirgin fursunoni ya maye gurbin makiyayi bakwai. Dangin da ya rasa maza goma sha shida a yini ɗaya ba shi da inda zai samo wasu.

Goma sha shida ɗin nan ba misali ba ne. A watan Satumba wani mai kula da dabbobin gidan Cox a wajen Mudgee, Theophilus Chamberlain, tare da mutum biyu, sun kashe Wiradjuri 16, har da wani jagora da Turawa ke kira Blucher, kuma jarida ta buga. A watan Oktoba Sydney Gazette ta rubuta cewa yankin Bathurst yana cikin yaƙin ƙare dangi. Amma da aka ɗage dokar ranar 11 ga Disamba, Brisbane ya rubuta wa Landan cewa a wata huɗun nan ba a salwantar da rai ba, ba a ma zubar da jini ba. Turawan da aka kashe a yaƙin gaba ɗaya kusan 20 ne, kuma an san sunayen yawancinsu da rugar da kowa ya faɗi. An san adadin tumakin da suka ɓata. Na Wiradjuri sai ƙiyasi: wasu da suka rayu a lokacin sun ce kimanin 100, wasu masana na baya suka ce tsakanin kashi ɗaya cikin huɗu zuwa ɗaya cikin uku na mutanen yankin.

Ranar 28 ga Disamba, 1824 Windradyne ya bayyana a Parramatta, bayan tafiyar kusan kilomita 200 a ƙasa ta cikin tsaunuka, a wajen taron shekara-shekara da gwamna ke yi da 'yan asalin ƙasa tun zamanin Macquarie. A kansa akwai malfa da aka liƙa wa kalmar zaman lafiya da Turanci da ɗan reshen itace. Brisbane ya yi masa afuwa. Turawa sun rubuta wannan a matsayin miƙa wuya. Wiradjuri suna ba da shi a matsayin shugaba da ya ratsa ƙasar da aka sa kuɗi a kansa, ba wanda ya iya kama shi, ya je gaban takwaransa ido da ido don a daina kashe masa mutane. Bayanin na biyu ya fi dacewa da abin da ya faru, domin ladan eka 500 ba wanda ya ci shi. A 1829 aka ji masa rauni a gwiwa a wani faɗa tsakanin dangogi, aka kai shi asibitin Bathurst. Jaridar lokacin ta ce a can ya cika. Gidan Suttor suka ce ya kwance bandejin ya koma wajen mutanensa a Brucedale, raunin ya ruɓe, ya rasu, aka binne shi a zaune, a naɗe cikin mayafinsa na fata, tare da makamansa.

Abin da bindiga ta rage, agana ta 1830 zuwa 1831 ta ɗebi kaso mai yawa, sannan gano zinariya a Ophir kusa da Bathurst a 1851 ya kwararo da dubban baƙi. A kudu, wajen Narrandera a bakin Marrambidya, an sake gwabza wani yaƙin daga 1838 zuwa 1841, har makiyaya suka gudu suka bar rugage masu yawa kafin su dawo da ƙarfi. Sunayen wurare biyu a can sun riƙe labarin da takarda ba ta riƙe ba: wani tsibiri a kogin ana kiran sa Murdering Island, wato tsibirin kisa, wani rafi kuma Poisoned Waterholes Creek, wato rafin tafkunan da aka sa wa guba.

Mai binciken wannan tarihi da shaida iri uku yake aiki, kowacce da inda take yaudara. Takardun gwamnati da jarida suna da kwanan wata da adadi, amma waɗanda za a tuhuma ne suka rubuta su, kuma bayan 1838, da aka rataye Turawa bakwai saboda kashe 'yan asalin ƙasa 28 a Myall Creek, masu kisa suka koyi ƙone gawa da kame baki. Sai tunanin tsofaffin baƙi, irin littafin da ɗan William Suttor ya buga a 1887, inda labarin dankali da na daren Brucedale suka fito. Yana da daraja, amma bayan shekara sittin aka rubuta shi, daga bakin uba, kuma gidan marubucin ne ke fitowa da farin jini. Na uku tarihin baka na Wiradjuri, wanda ya fi kowanne riƙe wuri da dangantaka, wane kwari, dangin wa, amma ba ya tafiya da kalanda, kuma yakan haɗa aukuwa biyu ko uku su zama ɗaya. Kuskuren da aka fi yi shi ne a auna ɗaya da ma'aunin ɗaya, a ce duk abin da babu shi a takardar 1824 bai faru ba, alhali dokar soja an tsara ta ne yadda ba sai an rubuta ba.

Rigimar Bells Falls ta nuna haka. Wani kwazazzabo ne mai magangarar ruwa kusa da Sofala, inda labarin yankin ya ce sojoji sun ritsa mutane, har da mata da yara, suka tura su bakin gaɓa. Babu takardar zamanin da ta ambaci wurin. Masanin tarihi David Roberts ya bi diddigin labarin a 1995, ya nuna cewa ko da ba a iya tabbatar da aukuwar a wannan gurbi daidai ba, labarin ya tsiro ne daga kashe-kashe na gaske da aka yi a yankin. Da gidan tarihi na ƙasa a Kanbera, babban birnin Ostireliya, ya buɗe a 2001 ya sa Bells Falls cikin baje kolinsa, marubucin tarihi Keith Windschuttle ya kai masa hari cewa ƙage ne, aka yi ta cacar baki shekaru. Abin takaici a nan shi ne yadda gardama a kan kwazazzabo ɗaya ta janye hankali daga mutum 16 na Mudgee da mata ukun nan, waɗanda ba mai musun su.

Jami'ar Newcastle, ƙarƙashin Farfesa Lyndall Ryan, ta bi wata hanya. Daga 2017 ta fara wallafa taswirar kisan kiyashi a intanet, da ƙa'ida mai tsauri: sai an kashe mutum shida ko fiye da ba su da kariya, a farmaki ɗaya, kuma sai shaidu sun dafa wa juna. Da wannan ma'auni aka tattara wurare sama da 400 da rayuka sama da 10,000 tsakanin 1788 da 1930. Tsaurin ya sa da wuya a ƙaryata taswirar, amma yana da tsada: kisan mutum ɗaya, biyu, uku, wanda shi ne ya fi yawa a bakin iyaka, wato inda Turawa ke kutsawa ƙasar 'yan asali, ba ya hawa. Mata ukun Yuni 1824 ba su cika adadin ba, kuma rahoton shari'ar da ya adana sunayen maza biyar ɗin bai kawo sunan ko ɗaya daga cikinsu ba.

Su kansu Wiradjuri ba su ɗauki 1824 a matsayin ƙarshe ba, shi ya sa kalmar na ƙarshe a allon nan take musu ciwo. Bayan mashi, gwagwarmayar ta koma ƙafa da takarda da kotu. An tara su a matsugunan mishan da na gwamnati irin Warangesda da Brungle da Erambie. Gyaran doka na 1915 ya ba Hukumar Kare 'Yan Asali ikon ɗauke yaro daga iyayensa ba tare da zuwa kotu ba, 'yan mata da yawa aka kai su gidan horo na Cootamundra aka mai da su 'yan aikin gida. A 1927 wasu dattawa biyu, Jimmy Clements da John Noble, suka halarci buɗe ginin majalisa a Kanbera ba tare da gayyata ba, Clements ya tako ne a ƙasa tun daga Brungle, 'yan sanda suka so kore shi, jama'a suka hana. William Ferguson ya kafa ƙungiyar neman 'yanci a Dubbo a 1937, yana cikin waɗanda suka mai da 26 ga Janairu, 1938, ranar cika shekara 150 da saukar Turawa Sidni, ranar makoki. Paul Coe da 'yar uwarsa Isabel Coe, 'yan Erambie, suna cikin jigogin tantin da aka kafa gaban majalisa a 1972 aka kira shi ofishin jakadanci, kuma kowannensu ya kai gwamnati Kotun Ƙoli a kan ikon ƙasa, shi a 1979, ita a 1993. Ba su yi nasara ba. Hukuncin da kotun ta yanke a shari'ar Mabo a 1992 ya rushe da'awar cewa ƙasar ba ta da masu ita, amma ya ce inda aka riga aka ba wani takardar mallaka haƙƙin asali ya faɗi, kuma ƙasar Wiradjuri tana cikin waɗanda aka fara rabewa. Wato waɗanda aka fara ƙwace wa su ne suka fi samun kaɗan.

Tunawa a aikace abubuwa ne ƙanana da ake bi ɗaya bayan ɗaya, kowanne da ofishinsa. Akwai maido da suna: hukumar sunayen wurare ta jiha tana da tsarin suna biyu, ta haka dutsen tseren motoci na Bathurst, Mount Panorama, ya sake amsa Wahluu a 2015, kogin Macquarie ma aka haɗa masa Wambuul. Suna kaɗai ba ya kare wuri. Da ƙaramar hukuma ta so gina filin tseren ƙananan motoci a ƙwanƙolin Wahluu, sai da dattawa suka nemi ministar muhalli ta tarayya ta yi amfani da dokar kare kayan gado ta 1984, ta hana a 2021. Kabarin Windradyne yana cikin gonar da har yanzu ke hannun zuriyar Suttor, su suka sa hannu a yarjejeniyar kare wurin a 2000, aka shigar da shi rajistar kayan tarihi ta jiha a 2006, kuma mai son ziyara sai ya nemi izini. Akwai harshe: dattijon Wiradjuri Stan Grant babba da abokin aikinsa John Rudder sun tattaro kalmomi daga bakin tsofaffi da rubuce-rubucen 'yan mishan na Wellington, suka fitar da ƙamus a 2005 da wani mafi girma a 2010, yanzu ana koyar da harshen a makarantun garuruwa irin Parkes da kuma Jami'ar Charles Sturt. A 2016 Linda Burney, mace ta farko 'yar asalin ƙasa da aka zaɓa majalisar wakilai ta tarayya, ta buɗe jawabinta na farko da harshen Wiradjuri.

Inda aka fi jan ƙafa shi ne kiran abin da sunan yaƙi. Ranar da aka buɗe allon Brucedale, 25 ga Afrilu, ita ce ranar da Ostireliya ke tuna sojojinta da suka mutu a Gallipoli ta ƙasar Turkiyya a 1915 da sauran yaƙe-yaƙen ƙetare, kuma kusan kowane ƙauye yana da dutsen da aka zana sunayensu. Babban gidan tunawa da yaƙi na Kanbera ya daɗe yana cewa faɗan bakin iyaka ba ya cikin aikinsa, sai a 2022 shugabanninsa suka yi alkawarin faɗaɗa bayani a kansa. Hujjar masu neman a sa shi ciki ba ta da sarƙaƙiya: an tura rundunar sojan sarki, an shelanta dokar soja, an sa lada a kan jagoran abokan gaba, jaridar lokacin ma yaƙi ta kira shi. Wiradjuri suna da kalmarsu, gudyarra, wadda masanin tarihi Stephen Gapps ya sa wa littafinsa na 2021 a kan wannan yaƙi. A watan Agusta 2024, da dokar sojan ta cika shekara 200, dattawan Wiradjuri na Bathurst suka shirya mako guda na taruka da raye-rayen gargajiya da baje koli, suka kira shi Dhuluny, kalmar da ke nufin gaskiya da abin da yake miƙe.

Tun kafin allon ƙarfe, Wiradjuri suna da tasu hanyar yi wa babban mutum alama. Ana zaɓar itatuwa masu rai a kewayen kabari, a ɓare ɓawon gefen da ke fuskantar sa, a sassaƙa zane mai zurfi a jikin itacen, layuka masu lanƙwasa ko masu kusurwa huɗu, kowane mamaci da irin nasa. Yawancin waɗannan itatuwa gobarar daji da masu share gona sun cinye su, wasu kuma an yanke su da zarto an kai gidajen tarihi a Sidni da wasu birane, inda har yanzu al'ummomi ke bin hanyoyin maido da su. Ɗaya daga cikin wuraren da ake iya ganin su tsaye inda aka sassaƙa su shi ne kusa da Molong, a kabarin Yuranigh, wanda ya yi wa mai safiyo Thomas Mitchell ja-gora a 1846 ya rasu a 1850. Mitchell ya sa aka kafa masa dutsen kabari irin na Turawa, mutanensa kuma suka sassaƙa masa itatuwa a kewaye, ga su nan tare a fili ɗaya.